Mece Ce “Finger Cot”? Bayani A Kan Safar Yatsa Da Yadda Ake Amfani Da Ita

Mai karatu, a ce kai manomi ne a Badafi, cikin ƙaramar hukumar Kiru. Kaka ta yi, kana tsakiyar yankan shinkafa sai lauje ya kuɓuce ya yanke ka a ɗan yatsa. Ka ɗaure da tsumma, ka hau babur zuwa asibiti mafi kusa. An wanke ciwon, an sa magani, an naɗe da bandeji. Za ka tashi ke nan sai nas ta ce maka, “Baba, ka kiyaye, kada ruwa ya taɓa wurin nan. In ka fita ka biya kemis ka sayi wannan.” Ta rubuta maka kalmomi biyu na Turanci a 'yar takarda: finger cot.

Ka miƙa wa mai kemis, ya buɗe kwali ya ɗauko maka wata 'yar roba a nannaɗe kamar zobe. Ka juya ta, ka sake juyawa, ka ga ta yi kama da kwaroron roba, sai dai ita ƙarama ce ainun. A nan ne mutane suke rabuwa gida biyu. Wani kunya za ta kama shi, ya tura ta aljihu, ba zai sake waiwayarta ba, gobe ya tsoma hannun a ruwan fadama da bandejinsa. Wani kuwa zai ɗauka ita ce maganin, ya zura ta tun daga bakin kemis, ya wuni da ita, ya kwana da ita, har kwana uku. Na farkon yana iya dawowa asibiti da ciwon da ya yi mugunya. Na biyun yana iya dawowa da yatsan da ya riga ya mutu. Kuma dukkansu ba ganganci ne ya jawo musu ba, suna kawai aka ba su da Turanci, bayani bai biyo baya ba.

Ma'anar kalmar

Ana furta ta “finga kot”. Finger dai yatsa ne, wannan ko ɗan firamare ya sani. Cot ɗin ce take rikita mutane, har da waɗanda suka yi boko mai zurfi. Da yawa suna zaton coat ce, wadda muka ara muka mayar “kwat”, sai su rubuta finger coat, wai rigar yatsa. Ma'anar ta yi kusa, amma ba kalmar ba ce. Wasu kuma, musamman matan da suka taɓa haihuwa a asibiti, sun san cot a matsayin gadon jariri, sai su yi ta mamakin abin da ya haɗa gado da yatsa.

Abin da yake faruwa shi ne Turanci yana da cot guda biyu, rubutunsu ɗaya, furucinsu ɗaya, amma asalinsu daban. Ta gadon kwanciya Turawa sun aro ta ne daga Indiya a ƙarni na 17, daga kalmar Hindi “khat”. Ɗayar kuwa tasu ce tun kaka da kakanni, ma'anarta bukka ko ɗan ƙaramin ɗaki, kuma danginta ce cottage da kake gani a allon wasu ƙananan asibitocin karkara. Daga bukka sai ma'anar ta faɗaɗa, ta haɗa da ɗan kuben da ake zura abu a ciki don a kare shi. Saboda haka finger cot, in aka bi ta kalma-kalma, bukkar yatsa ke nan. A Hausa abin da ya fi dacewa da ita shi ne safar yatsa, tun da muna da safar hannu da safar ƙafa, kuma da wannan suna za mu ci gaba da kiranta.

Amma ka riƙe maganar bukkar nan, domin ta fi kowane bayani nuna aikin abin. Manomi yana shiga bukkar gona ne ya fake in hadari ya taso. Ruwa na ɗaukewa sai ya fito. Ba ya tarewa a ciki da iyalinsa.

Sunayen da ake haɗa ta da su

A takardun da suka fito daga Ingila za ka fi cin karo da fingerstall; Amurkawa ne suka fi cewa finger cot. Stall ita ce rumfar kasuwa, ko ɗan wurin da ake keɓe wa dabba ɗaya a barga. Kalmar fingerstall tana cikin Turanci tun ƙarni na 15, tun Turai ba ta san roba ba, lokacin da fata ko ƙyalle ake ɗinka ta. Har yanzu ana yin irin wannan, ta fata ko ta leda mai kauri, mai 'yar igiya da ake ɗaurawa a wuyan hannu, kuma ita ana iya wanke ta a sake sakawa. Ta babban yatsa ana ce mata thumbstall. A zamanin igwar da ake ɗura wa albarushi ta baki, sojan da yake danne ƙofar wuta da babban yatsansa yayin ɗuri irin wannan ta fata yake sakawa, don kada zafin ƙarfe ya ƙone shi. Mu ma dabarar ba baƙuwa ba ce a wurinmu: zungurun da iyayenmu mata suke zura hannu a ciki in sun yi ƙunshi, aikinsa ke nan, ya raba abin da ke hannu da abin da ke waje na ɗan lokaci.

Akwai wasu kalmomi biyu da ya kamata ka bambance. Thimble ita ce 'yar hular ƙarfe da mai ɗinkin hannu yake sa wa yatsa don tura allura. Ba ta da wani aiki a kan ciwo. Splint kuwa karan ɗori ne, na ƙarfe ko na roba mai tauri, da ake sa wa yatsan da ya karye ko jijiyarsa ta tsinke don a hana shi motsi. Idan likita ya rubuta maka splint, mai shago ya ce babu amma ga finger cot, “ai duk ɗaya ne”, kada ka karɓa. Ba ɗaya ba ne.

Sannan, tun da kamannin nan da ya ba ka kunya ba zai ɓoyu ba, gara a faɗe shi a fili: safar yatsa ba kwaroron roba ba ce, ba ta hana ɗaukar ciki, ba ta kuma kare mutum daga cututtukan da ake ɗauka ta saduwa. Kayan asibiti ce kamar filasta da auduga, babu abin kunya a sayenta.

Da me ake yin ta?

Mafi yawanta da ɗanyar roba ake yi, wadda ake tatsa daga bishiya, Turawa suna ce mata latex. Ita ce mai launin madara, mai talewa sosai. Safar hannu ta roba ta shiga ɗakin tiyata ne a wajajen 1890, lokacin da wani likitan tiyata a asibitin Johns Hopkins na Amurka, William Halsted, ya sa kamfanin Goodyear ya yi wa nas ɗinsa Caroline Hampton safar hannu saboda magungunan wanke hannu suna cinye mata fata.

Jikin wasu mutane ba ya karɓar wannan roba. Idan ka taɓa sa safar hannu ta asibiti ko ka busa balan-balan ka ga wurin ya yi ja, yana ƙaiƙayi, ko borin jini ya feso maka, to ka faɗa wa ma'aikacin lafiya, ka nemi wadda aka yi da robar nitrile. Wasu daga cikin masu wannan matsala sukan ji ƙaiƙayi a baki in sun ci ayaba ko fiya. In kuwa leɓe ko fuska ta kumbura, ko numfashi ya fara sarƙewa, wannan na gaggawa ne, a cire robar a nufi asibiti. Haka nan in ka samu zaɓi, ɗauki marar hoda a ciki, domin hodar tana iya shiga ciwo. Amurka ta hana amfani da safar hannu mai hoda a asibitocinta tun watan Janairun 2017.

Za ka kuma ga wasu iri a hannun masu ƙirga kuɗi, masu kauri da ƙuraje-ƙuraje a jiki, da wasu a hannun masu gyaran waya da kayan lantarki. Waɗannan na sana'a ne, ba a yi su don ciwo ba. Ko ta asibitin ma, galibi a cikin leda ɗaya ake zubo su da yawa, ba a kashe musu ƙwayoyin cuta ɗaya bayan ɗaya ba. Shi ya sa ba a ɗora ta kai tsaye a kan buɗaɗɗen ciwo.

Aikinta

Aikinta na farko, wanda ya shafe ka, shi ne kare bandejin ƙaramin ciwo daga ruwa da datti na ɗan lokacin da za ka yi wani aiki: wanka, wankin hannu, wanke-wanke, gyaran kifi ga masunta da matansu a bakin madatsar Tiga, ko tsarki bayan an zaga. Ba ta warkar da ciwo, ba ta kashe ƙwayar cuta, ba ta tsayar da jini.

Na biyu, ana sa ta a lafiyayyen yatsa in za a shafa wa wani magani, ko za a cusa magani ta dubura, kamar na basir, ko maganin zazzaɓin cizon sauro mai tsanani da Hukumar Lafiya ta Duniya ta amince a cusa wa yara 'yan ƙasa da shekara 6 kafin a kai su babban asibiti. Ko a nan ma cikakkiyar safar hannu ta fi, in akwai. Duk inda za a taɓa jini, ko mugunya, ko za a karɓi haihuwa, safar yatsa ba ta isa ba sam, domin sauran hannun a buɗe yake.

Yadda ake sa ta

Ka fara cire zobe daga yatsan da ya ji ciwo, tun kafin ya kumbura. Wannan ƙaramin abu ne da mutane suke mantawa, daga baya sai an nemo abin yanka ƙarfe. Ka wanke hannu da sabulu, ka wanke ciwon da ruwa mai tsabta, ka tsane shi, ka rufe da filasta ko bandeji mara kauri. Bayan haka ne safar take hawa. Ka ɗora ta a kan yatsan kamar hula, ka warware ta a hankali zuwa gindin yatsa, har sai naɗin ya ƙare ko ya kusa ƙarewa. Tana da girma-girma, ƙarama da matsakaiciya da babba, kuma tun da a kan bandeji za ta zauna, ka nemi wadda ta ɗara yatsanka. Hannun manomi ba hannun ɗan makaranta ba ne. In ƙaramar kaɗai ke shagon, gara ka haƙura da ita.

Kada ka shafa basilin, ko man shanu, ko man kaɗanya, ko manja a ƙarƙashinta ko a kanta. Maiƙo yana cin ɗanyar roba, cikin ɗan lokaci ta yi laushi ta fashe.

Kana gama aikin da ya sa ka sa ta, ka cire. In bandejin ya jiƙe duk da haka, canza shi. Ba a kwana da ita, ba a kuma mayar da wadda aka cire. Dalili shi ne roba ba ta barin iska ta shiga, ba ta barin gumi ya fita. A zafin ƙasarmu, awoyi kaɗan sun isa fatar ta yi fari ta yamutse kamar hannun wadda ta wuni tana wanki, bakin ciwon ya jiƙe ya ƙi haɗewa, ƙwayoyin cuta su sami ɗumi da laimar da suke so.

Babban haɗarin: matsewa

Nan ne muke so ka fi natsuwa. Kowane yatsa ƙananan jijiyoyin jini ne suke ciyar da shi, suna bi ta gefe da gefe, daf da fata. Ba su da wata ɓoyayyiyar hanya. Duk abin da ya zagaye gindin yatsa ya matse, ya tare hanyar ke nan. Da farko jinin da ke komawa ne yake tsayawa, sai yatsan ya kumbura. Kumburin ya ƙara matse robar. Daga nan jinin da ke shigowa ma ya tsaya. Ragowar naɗin da ke bakin safar yatsa, in ba a warware shi duka ba ko safar ta yi kaɗan, zoben roba ne sosai.

Don ka san ƙarfin wannan zobe: likitocin tiyata da kansu sukan yanki yatsan safar hannu, su naɗe shi zuwa gindin yatsan majiyyaci da gangan, don su tsayar da jini yayin ƙaramin aiki. Ana yin haka ne na mintoci, ana duba agogo. Amma ko a hannun ƙwararru an sha mantawa. A watan Disamban 2009 hukumar da take kula da kare lafiyar majiyyata a Ingila a wancan lokaci ta fitar da gargaɗi, bayan ta tattara rahotanni 15 daga 2005 zuwa 2009 na mutanen da aka manta da irin wannan ɗauri a yatsunsu na hannu ko na ƙafa bayan tiyata. Goma daga ciki sai da aka sake yi musu aiki, biyu kuwa sai da aka yanke yatsan. In haka ta faru a ɗakin tiyata, ina ga wanda ya sa roba ya tafi gona ya manta, ko ya rufe ta da tsumma ba ya ganin abin da ke gudana a ƙasa?

Ga yadda za ka gane. Yatsan zai fara zogi yana bugawa kamar zuciya, ko ka ji kamar ana tsira maka allurai, ko ya yi sanyi, ko ya dushe ka daina jin taɓi. Launinsa zai canza, ya yi fari fat ko ya yi duhu. A baƙar fata an fi ganin wannan a farce. Danna farcen har ya yi fari, ka saki: in jini yana gudu, jan zai dawo kafin ka ƙirga biyu. Ke kuma da lalle ya rina miki farce, danna tsokar kan yatsan ta ciki, ki kwatanta da yatsan da ke kusa da shi.

Akwai wani abu mai yaudara da ya kamata kowa ya sani. Yatsan da aka shaƙe yakan yi ciwo mai tsanani, daga baya ciwon ya lafa. Mutum sai ya ce alhamdu lillahi, sauƙi ya samu. Sau da yawa ba sauƙi ba ne, jijiyar da ke kai saƙon ciwon ce ta fara mutuwa. Saboda haka da ka ji ɗaya daga cikin alamun nan, cire robar nan take. In ta ƙi fita, a sa almakashi a yanke ta a hankali. Ɗaga hannun sama. In bayan 'yan mintoci launi da ɗumi da ji ba su dawo ba, ka tafi asibiti a ranar, ko da dare ne, kada ka bari sai an idar da cin kasuwa.

Wannan gargaɗi bai tsaya ga robar kemis ba. A gaskiya abin da ya fi yawa a ƙauyukanmu shi ne wanda mutum ya haɗa da kansa: ledar ruwa ko ta burodi a zura yatsa a ciki, a ɗaure gindin da robar ɗaure kuɗi, ko zare, ko tsinken robar tayar keke. Wannan ya fi safar yatsa haɗari nesa ba kusa ba. Haka nan iyaye mata, jaririn da yake ta tsala kuka ba a san dalili ba, a cire masa safa a duba yatsunsa na hannu da na ƙafa. Silin gashi ko zare ɗaya yana iya naɗe yatsan ya shige cikin fata.

Kada a sa wa ƙaramin yaro safar yatsa a bar shi shi kaɗai. Ba zai iya faɗin cewa ta matse shi ba, kuma yana iya cire ta da baki ta sarƙe masa a maƙogwaro.

Ɗan karkare

Mutane da yawa ba yanka ne yake kai su neman abin rufe yatsa ba, ɗan karkare ne. Wanda ya taɓa yi ya san ba ya barin barci. Mafi yawansa ƙwayoyin cuta ne suke shiga ta wata 'yar kafa, sukar ƙaya, ko allurar ɗinkin hula, ko tsagewar fata da hunturu, ko cizon farce, su tara mugunya a cikin tsokar kan yatsa, wurin da ba shi da sararin kumbura. Zogin da kake ji matsin mugunyar ne. In ka ƙara masa roba a kai, ka ƙara matsi a kan matsi.

Maganinsa, in ya tara ruwa, shi ne ma'aikacin lafiya ya kashe wurin da allura ya tsaga ya fitar da mugunyar, ya ba da maganin ƙwayoyin cuta in da bukata. Zura yatsa cikin lemon tsami, ko ɗiga masa kananzir ko man birki, ba ya kai wa inda cutar take, jinkiri kawai yake jawowa har ta ci ƙashi. Kada kuma ka ba wanzami ko ka sa reza da kanka, domin akwai wani nau'in karkaren mai ƙananan ƙuraje masu ruwa, wanda ƙwayar cutar da ke kawo ƙurajen leɓe take haddasawa, shi ba a tsaga shi ko kaɗan. Sai an gani ake bambancewa.

Idan yatsan gaba ɗaya ya kumbura, ya ɗan lanƙwashe, in an yi ƙoƙarin miƙe shi ka ji kamar ranka zai fita, to cutar ta shiga kuben jijiyar da ke motsa yatsan. Haka in ja ko zafi yana hawa zuwa tafin hannu da damtse, ko kaluluwa ta fito a hammata, ko zazzaɓi ya rufe ka. Waɗannan ba na kemis ba ne, na tiyata ne, kuma kwana ɗaya yana iya raba yatsan da zai ci gaba da aiki da wanda zai sandare.

Waɗanda bai kamata su yi gaban kansu ba

Mai ciwon suga, kowane ciwo a hannunka babba ne, ko da sukar ƙaya ce. Tun shekarun 1980 likitoci a Nijeriya suka rubuta yadda ɗan ƙaramin rauni a hannun mai suga yake rikiɗewa ya zama ruɓar da take cin hannu duka, wani lokaci har da rai. Haka wanda kuturta ta taɓa kashe masa ji a yatsu, da mai sikila, da tsoho mai raunin gudun jini. Wanda ba ya jin yatsansa sosai ba zai ji robar ta matse ba. Ku nuna ciwon a asibiti tukuna, in an ce ku sa, ku riƙa dubawa da ido.

Masu abinci da masu aikin gona

Ke mai dama fura, ko mai ƙosai, waina ko awara, da kai mai tsire a Kwanar Dangora da ake tsayawa a saya daga motocin Kano da Zariya da Jos, ciwon yatsanku ba naku ba ne ku kaɗai. Ƙwayar cutar da ke cikin mugunyar yatsa tana zuba guba a abinci, wanda ya ci ya kama amai cikin 'yan awoyi, kuma sake ɗumama abincin ba ya kashe gubar. Ƙa'ida ita ce filasta, sannan safar yatsa, sannan cikakkiyar safar hannu a kai, don kada ƙaramar ta zame ta faɗa cikin ƙullu. Shi ya sa ake yin ta masu abinci shuɗiya, a gan ta da wuri in ta faɗa. In ciwon yana fitar da mugunya, a ba wani ya riƙe sana'ar har ya warke.

A gona kuma, safar yatsa ba ta jure ƙaya, kaifin ganyen rake ko ƙotar fartanya. Minti kaɗan ta yage, ƙasa ta shige ta zauna. Ba ta kuma isa kariya daga maganin feshi ba, wanda yake ratsa jiki ta buɗaɗɗen ciwo. Mai rauni a hannu ya bar wa wani haɗa maganin. Kusa da injin matse rake, injin casa ko na markaɗe, kada ka sa komai mai igiya ko mai reto a hannu, domin inji in ya kama ƙyalle ba ya tsayawa sai ya ja hannun.

Raunin da ya fi ƙarfinta

In jini ya ƙi tsayawa bayan ka danne da ƙyalle mai tsabta na minti 10, ko ciwon ya buɗe baki ana hango fari a ciki, ko yatsan ya ƙi lanƙwasuwa ko miƙewa, ko gefe ɗaya ya mutu ba ka ji, ko kuwa cizo ne na mutum, kare ko wata dabba, to kada ka rufe da roba ka zauna. Jijiyar da ta tsinke ana iya ɗinke ta in an zo da wuri. Asibitin da ke kusa da kai, a Kiru ko Bebeji, Tudun Wada ko Doguwa, zai duba ya tura ka Kano in aikin ya fi ƙarfinsa, ko nan asibitin koyarwa ko Asibitin Ƙashi na Dala. In wani yanki na yatsan ya guntule, a naɗe shi a ƙyalle mai tsabta mai ɗan laima, a sa a leda a ƙulle, a sa ledar cikin ruwa mai ƙanƙara, a taho da shi. Kada naman ya taɓa ƙanƙarar kai tsaye.

Ka kuma tambayi allurar riga-kafin tetanus, cutar nan mai sarƙe haƙora da sandarar da jiki. Ƙwayarta tana zaune a ƙasa da kashin dabbobi, tana kuma son ciwo mai zurfi da iska ba ta shiga. Takan bayyana tsakanin kwana 3 zuwa 21 bayan rauni, sau da yawa lokacin da mutum ya manta da yankan. In ciwon mai datti ne kuma ka haura shekara 5 rabonka da allurar, ko ba ka taɓa yi ba, ana bukatar a yi maka. Toka, ƙasa ko kashin shanu da wasu ke barbaɗawa don tsayar da jini hanya ce ta kai ƙwayar har gida.

Alwala fa?

Wannan tambaya ce da kusan kowane majiyyaci yake yi, kuma tsoron rasa alwala yana sa wasu su kwance bandeji sau biyar a rana. Littattafan fiƙihu sun yi bayanin shafa a kan abin da aka ɗaure rauni da shi idan ruwa zai cutar. Ka tuntuɓi malaminka ya warware maka yadda ake yi. Ta ɓangaren lafiya, shafa da hannu mai ɗan laima a kan bandeji ba ya ɓata shi, kwarara ruwa ne yake jiƙa shi.

In babu a kemis

Ba kowane shago ne yake ajiye ta ba, musamman in an yi nisa da titi. Kada ka damu. Cikakkiyar safar hannu ta asibiti tana yin aikin, har ta fi, tun da ba ta da zoben da zai shaƙe yatsa ɗaya. In za ka yanki yatsanta ka yi amfani da shi, zaɓi mai yalwa, kada ka naɗe bakin, ka riƙe shi da filasta da aka manna a tsaye zuwa bayan hannu, ba a zagaye ba. Don wanka, zura hannun duka a leda mai tsabta, ka ɗaga shi sama, ka cire da ka gama.

In ka samu ka saya, ja guda ɗaya ka gani. Wadda ta daɗe a shago cikin zafi takan yi danƙo ko ta tsage da an taɓa. Ajiye sauran a inuwa, nesa da rana da murhu. Wadda ka cire kuma, juya cikinta waje, ka ƙulle a leda, ka jefa a masai ko ka ƙone tare da tsohon bandejin, kada a yar a tsakar gida inda yara za su tsinta su busa ko akuya ta haɗiye.